Gajeren Kabon da Gadar Hanyar Kuta

Malamarmu ta aiko mini da wasiƙa, ta ce 'yan ajin ƙarshe suna so in rubuto musu labarin aikina. Wai rabinku kun ce idan kun fita aikin tafireta za ku yi, tun da zama ne a inuwa, ba rana ba ruwa, sai ƙwas-ƙwas da yatsu. Ni ma haka na ce sa'ad da nake zaune inda kuke. To ga shi zan rubuta, amma da alƙalami, domin yau kwana goma sha biyu ke nan ba na iya buga layi biyar a jere sai na tsaya na matse hannuwana tsakanin gwiwoyi. Ku yi haƙuri da rubutun.

Shekarata biyu a ofishin da ke ba masu motoci takardar izinin hanya a nan Minna. Kowace lori tana da tata takardar, wadda ta faɗi hanyar da aka yarda ta bi da nauyin da aka yarda ta ɗauka. Idan za a canja wa mutum hanya ko a rage masa nauyi, manya ne ke yankewa, wato Baturen ofis da injiniyan hanya. Nawa shi ne in buga abin da suka yanke, a sa hannu, a danna hatimi, in miƙa wa mai mota ta taga.

Aikin farko da aka ba ni ba bugu ba ne, sakace ne. Tafiretarmu baƙa ce, tsohuwa, ta fi dutsen niƙa nauyi. Kowace safiya sai in ɗauki allura da ɗan buroshi in bi haruffa da lambobi ɗaya bayan ɗaya ina tono baƙin da ya daskare a cikinsu, domin idan lamba ta toshe, uku takan fito kamar takwas, kuma tan uku da tan takwas ba ɗaya ba ne a kan gada. Wata guda cur na yi ina wannan kafin a bar ni in sa takarda. Daga nan na koyi jera su. Takarda uku ake sawa a tare, fara a sama, shuɗiya a tsakiya, rawaya a ƙasa, da kabon biyu a tsakaninsu, wato baƙar takardar nan mai sauke rubutu a kan ta ƙarƙashinta. Fara tana zama a fayil, shuɗiya ta injiniya ce, rawaya ita ce ta mai mota. Tun da ita ce ta ƙasa, sai an buga da ƙarfi rubutu ke isa gare ta. Ku dubi ƙaramin yatsan duk mai tafireta, za ku ga kanta.

Wanda ya koya mini duk wannan shi ne babban akawunmu, Baba Ndagi. Banufe ne. Ya zo Minna yana saurayi lokacin da ake shimfiɗa layin dogo, ya fara da masinja, ya koyi karatu a tsaye a gefen teburin wasu. Shekara arba'in yana Hausa, amma har gobe "kai" yake ce wa kowa, mace da namiji, idan an gyara masa kuwa sai ya ce Allah ya san wanda yake nufi. Yana da wata ɗabi'a da nakan yi wa dariya a ɓoye. Duk takardar da na gama, ba ita yake fara dubawa ba. Sai ya zare kabon na ƙasa ya ɗaga shi wajen hasken taga, ya karanta sawun haruffan da ke jikinsa.

"Farar takarda takan yi kwalliya," in ji shi. "Kabon ba ya ƙarya. Abin da ke jikinsa shi ne abin da talaka ya tafi da shi gida."

A can ƙasan takardar canjin izini akwai layi na ƙarshe, wanda aka rubuta Dalili a farkonsa. Doka ta ce a cika shi. Akwai akawunan da ke cika shi da kalma biyu, su ce umarnin ofis, a wuce wurin. Baba Ndagi ba ya yarda. Na sha ganin ya koma da takarda ofishin Bature, ya tsaya a bakin ƙofa da hularsa a kai, ya ce ranka ya daɗe, layin ƙarshe bai ƙoshi ba. Idan an cika, sai ya fito taga da kansa ya karanta wa mai motar da Hausa, ko da Nufanci, ko da ɗan Yarabancin da yake ji.

Wata rana na ce masa, "Baba, mutanen nan ba sa jin Turanci. Wa zai karanta layin nan da muke wahala a kansa?"

"Shi ya sa Allah ya ba ka baki bayan yatsu," ya ce.

A ranar ya ba ni labarin wata takarda da ya kai yana masinja. Wani mutum ne mai mota ɗaya tal, aka hana shi hanyarsa, takardar kuwa ba ta ce komai ba sai an hana. Mutumin ya tambaye shi me ya sa, shi kuma ya ce Bature ne ya ce. Mutumin ya ɗauka an tsane shi ne, ya karyar da motar a banza, ya kwashe iyalinsa ya bar garin. Ashe kwalbati ɗaya ake gyarawa, aikin sati uku. Baba ya ce har yau yana iya nuna ƙofar gidan.

"Takarda ba dalili sanda ce kawai," ya ce. "Wanda aka buga wa sanda, ko ya gudu ko ya rama. Ba ya tsayawa ya yi tunani."

Masu motoci kuwa, kowa da irin halinsa a taga. Akwai mai zuwa da goro ya ajiye ya kau da kai, Baba ya bi shi da shi har bakin titi. Akwai mai rantsuwa cewa motarsa tan biyu ce alhali ana jin ƙasa tana rawa idan ta wuce. Wanda ya fi kowa surutu shi ne Tanimu, direba kuma mai mota, wanda ubansa ya zo daga Katsina aikin jirgi ya zauna. Shekara tara yana bin hanyar Kuta, ya tafi wofi ya dawo da doya da mutane, kuma tasa ce kaɗai babbar lori a hanyar. Kun san wasan Katsinawa da Nufawa. Tun daga bakin ƙofa zai ɗaga murya, "Ina bawan nan nawa? A ce masa ubangidansa ya iso!" Baba kuwa ba ya ko ɗaga kai, sai ya ce mini, "Rakiya, duba a fayil ko mun taɓa ba jaki lasin." Ni kuma Tanimu Malama 'yar boko yake ce mini.

Yanzu ga abin da ba a gaya muku a makaranta. Idan hannu ya ƙware, ido yakan miƙa wa yatsu haruffa kai tsaye, ba tare da sun bi ta cikin kai ba. Za ki iya buga shafi guda kina tunanin abin da za a dafa a gida, a tambaye ki me kika buga ki rasa ta cewa. Ni na kai wannan matsayin a shekarata ta biyu, kuma alfahari nake yi da shi. Har Bature ya taɓa tsayawa ya saurari saurin buguna ya gyaɗa kai.

Bana ce muguwar shekararmu. Ruwa ya yi yawa, hanyoyi suka lalace, canje-canjen izini suka ninka, kayan ofis kuma ba su zo ba. Kabon ya yanke mana. Baba ya nuna mini yadda suka yi lokacin yaƙi, a ɗauki tsohon kabon a kara shi nesa kaɗan da garwashi, baƙin ya narke ya bazu, ya ƙara yin kwana biyu. Muka yi ta yin haka har gefunansu suka fara yagewa. Wani ya yage daga ƙasa yana naɗewa a cikin tafireta, sai na sa almakashi na datse wajen, faɗin yatsa uku. Na ga ya yi kyau, har na yaba wa kaina da tattali.

Wata ranar Litinin zazzaɓi ya kwantar da Baba. A ranar injiniya ya aiko da canji a kan takardar Tanimu. Na jera fara da shuɗiya da rawaya, na sa kabon biyu, na ƙasan shi ne wanda na datse. Na buga da saurina, aka sa hannu, na danna hatimi. Ban ɗaga kabon wajen haske ba.

Da Tanimu ya zo, ya nemi bawansa aka ce ba shi da lafiya. Na miƙa masa rawaya na ce an dakatar da shi daga hanyar Kuta, an mai da shi wata hanyar. Fara'ar fuskarsa ta ɗauke.

"Me ya sa?"

Akwai mutum shida a bayansa suna jira, ga takardu jibge a gabana, ga shi ya ƙura mini ido. Na leƙa rawayar da ke hannunsa, na ga layin ƙarshe fari fat. Farar tana nan a fayil, taku biyu daga inda nake. Ban je ba.

"Haka aka rubuta," na ce.

"Malama, shekara tara. Ban taɓa kaɗe ko akuya ba. Me na yi?"

"Umarni ne daga sama. Na gaba!"

Ya linke takardar ya cusa a hula. Ya ce shi ya san masu neman hanyar nan tun bara, kuma ya san yadda ake sayen hatimi. Ya fita bai yi sallama ba.

Kwana uku bayan haka Baba ya dawo, ya rame, yana dogara laimarsa. Bai ko zauna ba ya ce in kawo kabon ɗin da na yi aiki da su. Ya ɗaga na farko, ya ajiye. Ya ɗaga na biyu, ya daɗe yana kallo. Sai ya ɗauko farar takarda ya shimfiɗa kabon a kanta, ƙasan takardar ya leƙo fili, faɗin yatsa uku, daidai layin Dalili. Ya buɗe fayil ya zaro farar takardar Tanimu ya karanta, na ga leɓensa yana motsi.

"Ka gaya masa da baki?"

Na ce a'a.

"Yau kasuwar Kuta," ya ce. "Ɗauko mayafinka. Riƙe farar nan."

Muka bi ta tasha. Wurin da lorin Tanimu ke tsayawa babu kowa, mai kunu ta ce tun bayan asuba ya fita, ya ce ba takardar da za ta hana shi hanyar da ya sani kamar tafin hannunsa. Muka tarar da ƙaramar motar ma'aikatan hanya za ta fita da tsakuwa, Baba ya yi wa direban magana biyu, aka zubar da rabin tsakuwar muka hau. Sai da muka wuce unguwar Maitumbi muka shiga daji sannan na buɗe takardar a kan cinyata na karanta abin da yatsuna suka buga. Daga nan ban ƙara ganin hanya ba. Na ce, "Baba, da ka bar ni a ofis." Ya ce wanda ya buga shi zai karanta.

Gadar ta katako ce, a kan wani rafi da ya cika ya yi ja. Daga sama ba abin da za ki gani, katakai a jere lafiya lau, ga sawun tayar Tanimu na safe a kansu. Muka bar mota a wannan gefen muka haye da ƙafa, muka zauna gindin wata kaɗanya. Baba ya yi sallar azahar a kan mayafinsa. Ni na kasa zama, na kasa tsayuwa.

Mun ji ta kafin mu gan ta, tana nishi tana gangarowa. Doya ce sabuwa shaƙe har saman bodi, a kan doyar kuma mutane, matan Gwarawa da kwandunansu, Fulani da ƙorensu, 'yan kasuwa da ƙafafu a reto. Baba ya miƙe ya tafi tsakiyar hanya ya tsaya, tsoho mai zazzaɓi, ya ɗaga laima sama. Motar ta yi ta ƙugi tana matsowa, bai motsa ba. Ta tsaya saura taku kaɗan, na sama suna salati.

Tanimu ya diro. Wannan karon babu wasa a bakinsa.

"Har nan kuka biyo ni? Wa kuka ba hanyata?" Ya fizge rawayar daga hula ya kaɗa ta a fuskar Baba. "Na kai ta wajen mutum uku masu karatu. Babu laifina a ciki. Nuna mini!"

Baba ya waiwayo ya ce, "Rakiya. Karanta."

Na buɗe farar takardar. Na karanta da Turanci kamar yadda yake, sannan na mayar da Hausa. An hana duk abin da ya wuce tan uku hawa gadar katako ta hanyar Kuta, domin gara ta cinye gungume biyu na tsakiya, ruwa kuma ya zaizaye gindin ginshiƙi. Hanin zai tsaya har a gyara.

"Da safen nan na hau ta," in ji Tanimu.

"Da cikin wofi," in ji Baba.

"Takarda ce. Takarda ko me aka ce mata ɗauka take yi."

"Gaskiyarka," Baba ya ce. "Ba don ka yarda da mu ake faɗa maka dalili ba, don ka je ka duba ne. Ga gada nan. Sauka ka tambaye ta."

Tanimu ya zaro ƙarfen da yake tayar da mota da shi, ya naɗe wando, ya gangara ta gefen rafi. Mutane suka sauko suna leƙe. Ya bugi gungume na farko, ya amsa da ƙarfi, ƙwal. Ya ɗago ya harare mu. Ya matsa ciki ruwa har cinya, ya ɗaga ƙarfen ya soki na biyu. Ba a ji ƙara ba. Ƙarfen ya shige har inda hannunsa yake, kamar a cikin tuwo, sai gari ya zubo masa a kai da kafaɗa, ja-ja kamar dusa, yana ta zuba, ya ƙi tsayawa. Gungumen da mutum biyu ba za su iya rungume shi ba, ashe ɓawo ne kawai. Ruwa kaɗai ake ji.

Ya hauro ya zauna a ƙasa, ya cire hula, ya yi inna lillahi sau uku. Ya dubi motarsa, ya dubi mutanen. Sai ya dube ni.

"Malama, ranar nan kin san wannan?"

"Ni na buga shi."

"Kika ce mini haka aka rubuta."

"Na buga, ban karanta ba."

Na sa ran zagi, ko abin da ya fi zagi. Sai ya girgiza kai a hankali ya ce, "Allah mai iko. Yatsu sun sani, mai yatsun ba ta sani ba." Ya kakkaɓe garin daga gashinsa, sannan ya ce in sake karanta masa farkon. Na sake.

"To nauyi aka hana, ba mota ba."

Na duba da kyau na ce nauyi ne.

"Motata wofi ba ta kai tan uku ba." Ya miƙe ya tafa hannu. "Jama'a, a sauke doya!"

Abin da ni da injiniya da Bature ba mu yi tunaninsa ba, mutumin da bai san harafi ko ɗaya ba ya gano shi cikin numfashi biyu, da zarar an ba shi dalilin a hannu. Aka sauke doyar kaf. Matan Gwarawa suka cika kwanduna suka ɗora a kafaɗa yadda suka saba, suka jera ta gefen gadar ɗaya bayan ɗaya, su je su dawo. Ni ina tsaye a bakin gada da takarda a hannu suna wucewa ta gabana. Na fara ƙirga su, na wuce talatin, sai wata ta wuce da goyo, ɗan yana barci bakinsa a buɗe, na daina ƙirga. Wata tsohuwa ta tsaya ta ce, "Malama, kai ya kawo takarda? Sannu da aiki." Ta zaro doya ɗaya daga kwandonta ta danƙa mini. Na rasa yadda zan ce mata ta mayar.

A ƙarshe Tanimu ya shiga motar shi kaɗai, ya bar ƙofa a buɗe, ya daidaita tayoyi a kan gungumen gefe. Ya shigo da ita kamar mai tafiya a kan ƙwai. Gadar ta yi ƙara sau biyu, gari ya zuba a ruwa, motar ta fito. Ya leƙo ta taga yana haɗa gumi ya ce, "Bawana, hau gaba kada ka mutu mini a hanya a ce ni na kashe ka." Baba ya ce shi bai taɓa hawa jaki a gaba ba, amma yau zai gwada.

Kashegari Baba ya rubuta duk abin da ya faru ya sa a fayil, da sunana a ciki, ya karanta mini kafin ya rufe. Bai ƙara ko kalma ɗaya a kai ba. Ya shiga da Tanimu wajen injiniya, Tanimu ya faɗi dabararsa, aka yi ta muhawara, aka kafa sanda da mai gadi a bakin gadar, aka mayar masa da hanyarsa bisa sharaɗin ya riƙa hayewa wofi har a gyara. Ni na buga sabuwar takardar. Shafi ɗaya, sa'a guda ta ci mini. Da na miƙa masa ta taga, ya karɓa bai linke ba. Ya san amsar sarai, a gabansa aka yanke, amma ya ƙura mini ido kamar ranar farko.

"Me ya sa?"

Na karanta masa layin ƙarshe, kalma bayan kalma, sannan ya sa ta a hula.

Gajeren kabon ɗin yana cikin aljihun teburina, Baba ne ya ce in ajiye. Kowace safiya, kafin in ɗauki allura, nakan ɗaga shi wajen taga. Komai yana nan a jikinsa, sunan Tanimu, lambar motarsa, hanyar da aka hana shi, har da ranar. Daga nan sai inda almakashina ya bi, a miƙe, tsaf, ƙasansa kuma ba komai sai hasken taga, faɗin yatsa uku. Ta nan mutum talatin da wani abu suka kusa faɗawa ruwa.